Layi a Wuyan Tamba

Ja'afar ya rasu ranar wata Talata da hantsi, a wani asibiti a Birnin Kebbi, yana da shekara goma sha tara. Sikila ce, wadda ta kama shi tun bai iya tafiya ba. Yayarsa Riskuwa ce a bakin gadon. Ita ta shafe masa ido, ita ta kira Argungu ta gaya wa mahaifiyarsu, Inna Laure, kuma muryarta ba ta yi rawa ba har ta ajiye wayar. Abin da ya bari ba shi da yawa: tufafi kala huɗu, alƙaluman zane da rula, waya mai tsagaggen gilashi, da wata jakar kwali mai ɗaurin roba, cike da takardun zane, shafi ɗari da goma sha ɗaya.

Zanen nan Riskuwa ce silarsa. Lokacin da take makarantar kwana, shi yana ɗan shekara tara, ta zo hutu ta same shi kwance a kan tabarma, gwiwoyinsa naɗe da tsumma mai ɗumi. Sa'o'insa suna fadama suna korar tsuntsaye daga shinkafa, in rana ta yi zafi su faɗa kogin Matan Fada. Shi an hana shi ruwan sanyi, an hana shi gudu, ko tsayuwa cikin yayyafi an hana shi. Sai ta ɗauki tsohuwar wayar babansu marigayi, ta je wurin mai tura fina-finai a bakin kasuwa, ta ce ya zuba mata abin da zai ɗauke wa yaro hankali. Ya cika mata ita da katun ɗin Japan, wanda matasa ke kira anime. Ta ɗauka kwana biyu zai yi ya gundure shi.

Bai gundure shi ba. Wata rana ta tambaye shi me yake gani a jikin mutanen nan masu manyan idanu da gashi kamar ganyen albasa. Ya mayar mata da fim ɗin baya zuwa wani wuri. An kayar da jarumin yana kwance a ƙasa, kuma masu fim ɗin ba su yi gaggawar tashinsa ba. Sun tsaya a kan hannunsa yana karkarwa, a kan gwiwarsa tana ƙin ɗaukarsa, an daɗe kafin ya miƙe.

"Yaya, mutanen ga sun san ciwo," in ji shi.

Daga kallo ya koma zane. Ya fara a bayan tsofaffin takardun jarrabawarta, daga baya ta riƙa kawo masa farar takarda mai kauri da alƙaluman tawada masu siririn baki. Da ya gano cewa littattafan zane na Japanawa, waɗanda ake kira manga, daga dama ake buɗe su, sai ya yi ta dariya, wai ashe su ma makarantar allo sunka yi. Nasa ma daga dama ya fara shi. Ya ƙirƙiro wani yaro mai suna Tamba, ɗan masunta, wanda ke iya yini guda a ƙarƙashin ruwa sanyi bai taɓa shi ba.

Da Riskuwa ta gama jami'a ta samu koyar da Turanci a wata makaranta a Gesse, cikin Birnin Kebbi, tana zaune gidan goggonsu a unguwar Badariya, sai ta zama ita ce mai mayar da maganganun mutanensa zuwa Turanci. Suka buɗe masa shafi a intanet, duk wata biyu ya sa babi guda. Da farko ƙawayenta ne kawai ke leƙawa, don kara. Sannan sai ga wani daga Brazil. Sai wata daga Indonesiya, sai Masar, sai Meziko. Duk yaran da suka tashi da kallon abin da ya kalla ne, kowa a ɗakin uwarsa, kowa da harshensa, kuma da gani guda sun gane nasu. Har wani dattijo daga Japan ɗin kanta ya rubuto yana tambayar mene ne wannan ƙaton abu mai zagaye da masunta ke kifa ciki a kansa cikin ruwa. Ja'afar, wanda iyakar tafiyarsa a duniya Sakkwato, ya yi kwana biyu yana zana masa gora ta kowace fuska.

Inna Laure ta san yana zane. Ba ta taɓa duba abin da ke ciki ba. Abin da ta sani shi ne, in yana riƙe da alƙalami ba ya nishi, wannan kuwa ya ishe ta.

Ranar sadakar bakwai gidansu na Argungu ya cika da mata. Wata 'yar ƙanwar Inna, don ta nuna irin baiwar mamacin, ta kwance jakar kwalin ta baza takardun a kan tabarma, tana cewa ai har ƙasashen waje ana kallon su. Takardun suka yi ta yawo daga hannu zuwa hannu har suka kai ga Malama Ummu Hani, maƙwabciyarsu, wadda ke koyar da matan aure a Islamiyyar unguwa. Mace ce mai kirki. Ita ta kwana uku tana yi musu girki da aka yi rasuwar. Ta duba shafi biyu, sannan ta matsa kusa da Inna ta yi magana ƙasa-ƙasa. Ta ce ya zo a ruwaya cewa masu yin surar abu mai rai, ranar gobe za a ce su hura masa rai. Ta ce ba don ta tayar da hankali ta faɗa ba, sai don akwai abin da akan yi: a ja layi a wuyan kowace sura, a raba kai da gangar jiki, shi ke nan ta tashi daga zama sura. Waɗanda ke cikin waya kuma a goge.

Riskuwa na can bakin murhu, ba ta ji ba. Sai da mutane suka watse bayan la'asar Inna ta kira ta ɗaki. Riskuwa 'yar fari ce, Inna ba ta faɗin sunanta.

"Ke, zo zauna. Wayar Auta na hannunki?"

Ta ce tana hannunta. Inna ta maimaita mata maganar Malama kalma bayan kalma, kamar mai gudun kada ta zubar da wani abu a hanya. Ta ce takardun ta adana su cikin akwatinta. Ita ba ta iya riƙon alƙalami ba, don haka Riskuwa ce za ta ja layin, ita ce kuma za ta goge na cikin waya, tun da ita ta san ƙofar shiga.

Riskuwa ta ɗago kai. Ta ce ba za ta yi ba. Ta ce shekara goma ya yi yana koyon yadda ake zana wuyan nan. Ta tuna wa Inna ranakun da yatsunsa ke kumbura har sai an ɗaura masa alƙalamin da zare. Inna ta ce duk ta sani, ai ita ke ɗaurawa.

"Shekara goma sha tara yana shan azaba a gabanki, Inna. Yanzu kuma a ce akwai saura?"

"Ni ban ce ba. Malamai sunka ce."

"Malama Ummu Hani dai ta ce."

"Boko ya cika miki kai. Ke kina da ƙane, ni ɗa gare ni. In ana tambayar shi can, ke za ki amsa mishi da Turanci?"

Riskuwa ta miƙe. Ta ce takardu suna hannun Inna, ba za ta yi kokawa da uwarta a kansu ba, amma hannunta ba zai taɓa su da alƙalami ba, waya kuma ba mai karɓar ta. Washegari da safe ta shiga mota ta koma Birnin Kebbi. Ko sallamar kirki ba su yi ba.

A Badariya ta rubuta sanarwa a shafinsa, layi uku, cewa mai zanen Tamba ya rasu. Ba ta zaci abin da ya biyo baya ba. Saƙonni suka yi ta shigowa, wasu da Turanci mai gyara, wasu da harsunan da sai ta sa waya ta fassara mata. Wani yaro daga Brazil ya ce shi ma a gadon asibiti ya karanta babi na huɗu. Yarinyar nan ta Indonesiya ta zana Tamba da hannunta, zaune a bakin wani kogi na ƙasarsu. Wasu suka bi sahunta. Kafin mako ya zagayo an zana Tamba sau talatin da wani abu, a ƙasashen da Inna ba ta taɓa jin sunansu ba. Riskuwa takan zauna a ɗakin malamai lokacin tara tana dubawa, sannan ta koma aji ta ci gaba da koyar da yara. A ranta tana cewa, wannan ne za a ce in goge. Garin da ya san shi da sunan yaron nan mai ciwo ne zai ce in goge inda aka san shi da sunansa.

Duk da haka maganar ba ta bar ta ta sake ba. Ranar wata Alhamis bayan an tashi makaranta ta tafi cikin tsohon gari wurin Baffa Abdussamadu, yayan babansu, wanda ya tsufa a kan buzu yana karantar da littattafai. Ta durƙusa ta gaishe shi, ta zayyana masa komai, ta ce tana so ya gaya mata gaskiya ko da ba za ta yi mata daɗi ba.

Tsohon ya ce Malama ba ta ƙirƙiri maganar ba, ruwayar tana nan. Amma malamai sun yi saɓani a kan zanen takarda, wanda ba gunki ba, ba kuma don a girmama shi aka yi ba. Wasu sun tsananta, wasu sun sassauta. Shi kansa layin wuyan, akwai masu ganin ya wadatar, akwai masu ganin bai wadatar ba. Ya ce shi dai ba zai rantse a kan makomar kowa ba, amma yaron da ya yi shekara goma sha tara ciwo na kankare shi, yana kyautata masa zato wurin Ubangijinsa. Riskuwa ta roƙe shi ya faɗa wa Inna haka. Ya ce zai faɗa. Ya kuwa cika alkawari, ranar Asabar ya sa aka kai shi Argungu, ya yini.

Da ta koma jin yadda suka yi, sai ta ga fuskarsa ba ta ba ta abin da take so ba. Ya ce Laure ta saurare shi da ladabi, ta yi godiya, ta kawo masa fura, sannan ta tambaye shi ko zai iya ja mata layin shi da kansa.

"Uwarki ba fatawa take nema ba," in ji shi. "Tun da anka haifi yaron ga kullum akwai abin da take yi mishi. Ruwan ɗumi, tausa, magani. Rana ɗaya aikin ya yanke. Sai anka ce mata akwai abu guda da ya rage. Ke kuma kin riƙe shi."

"Ni ma abu guda ya rage mini, Baffa."

Ya gyaɗa kai, bai ce mata ta yi kuskure ba. Da ya ce, da ta samu abin yi wa gardama.

Mako uku suka wuce. Riskuwa ba ta kira ba, Inna ba ta kira ba. Labari ta bakin goggo yake zuwa. Inna ta daina gumin shinkafa, sana'ar da ta riƙe su da ita tun rasuwar babansu. Manyan tukwanen da take turara shinkafa mai ɓawo suna kife a tsakar gida, matan garin Gulma da ke kawo mata buhuna sun koma wurin wata. Abinci sai an tsaya a kanta take kai loma biyu. Goggo ta faɗi wannan tana tsintar wake, ba ta ɗaga kai ba. Riskuwa ta ce ai Inna ba yarinya ba ce. Goggo ta ce haka ne, kuma ba ƙarfe ba ce.

Asabar ta gaba, ana gobe arba'in, Riskuwa ta shiga motar farko zuwa Argungu. Damina ta yi nisa, fadama ta cika, shinkafa kore shar har inda ido ya tsaya. Ta tafi ne da niyyar ta sa Inna ta ci abinci, ta sake gaya mata a'a, ta dawo.

Ta yi sallama ba a amsa ba. Ta ɗaga labule ta tarar da Inna zaune a ƙasa, ta jingina da gado, zanen ɗaurinta ya yi mata yawa. Jakar kwalin na buɗe a gabanta. A hannunta akwai biro, irin na 'yan firamare, ta damƙe shi kamar muciya.

Ta fara da kanta. Riskuwa ta durƙusa ta ɗauki shafukan farko. Layukan sun karkace, wani ya bi ta kan baki, wani ya bi ta ido. A wurare biyu biron ya huda takardar ya yage ta. Shafi shida Inna ta yi, a cikin kwana nawa, Allah kaɗai ya sani. A na bakwai ta tsaya. Shafin nan fuskar Tamba ce ta cika shi, ya fito daga ruwa yana dariya. Riskuwa ta sha ganin sa, ita ta fassara maganar da ke ƙasansa, amma sai yau ta dube shi da idon Inna. Wushiryar Ja'afar ce. Tabon da ke girarsa ta hagu ne, na ranar da ya faɗi a bakin rijiya. Sai dai wuyan kakkaura ne, kafaɗun faffaɗa, ƙirjin irin na wanda bai taɓa kwana asibiti ba.

"Na kasa," in ji Inna. Muryarta ta dushe. "Kwana huɗu ina ɗora biron ga a wuyanshi."

Riskuwa ta daɗe tana kallon yagaggun shafukan. Ta ga abin da zai faru in ta sake tafiya. Inna ba za ta fasa ba, kuma ba za ta iya ba. Za ta zauna nan tsakanin biyun har a zo a ɗauke ta. Ta miƙa hannu ta zare biron daga yatsun uwarta. Ta tashi ta buɗe kwandon kayan Ja'afar, ta ɗauko alƙalaminsa mafi siririn baki da rularsa ta ƙarfe, ta jawo faifai ta kife a cinya ta ɗora shafi na bakwai.

"Ki ji ni da kyau, Inna. Ban yarda ana tambayar shi komai ba. Ban yarda ba yau, ba kuma zan yarda gobe ba. Don ke zan yi."

"Yi dai," in ji Inna.

Ta daidaita rular. Layin ya fita siriri, miƙaƙƙe, kamar gashi guda ya faɗo a kan takardar. Inna ta saki wani dogon numfashi. Riskuwa ba ta dube ta ba, ta ajiye shafin ta ɗauki na takwas.

Haka suka yi ta yi. Inna na miƙo shafi, tana bin sa da yatsa kada a tsallake kowa, Riskuwa na ja. Wani shafin mutum biyu ne, wani cincirindon masunta ne a bakin ruwa, sama da arba'in, kowa da ɗan wuyansa kamar ƙwayar shinkafa, kuma kowa sai da Ja'afar ya ba shi fuskarsa daban. Tun tana jin kowane layi a jikinta har hannun ya koma yi shi kaɗai.

Wajen shafi na talatin Inna ta fara tambaya. Wannan da ke kuka fa, mi anka yi mata? Riskuwa ta ce gangar garinsu ce ta faɗa kogi, wani ƙaton giwan ruwa ya haɗiye ta, tun daga ranar kifi ya ƙaurace wa garin. Tamba ne ya ce zai shiga ya karɓo. Inna ta ce shi kaɗai, ba babba ko ɗaya? Riskuwa ta ce manyan duk sun ji tsoro. Inna ta ce ai kuwa haka suke. Daga nan kowane shafi sai ta nemi a gaya mata abin da aka ce a ciki, Riskuwa na faɗa tana ja. Labarin da mutanen Brazil suka sani shekara biyu, yau uwar mai shi ke jin sa, ana yanka shi a gabanta.

Suka zo kan wata tsohuwa mai ɗaurin ƙirji, tsaye a kan tukunya tana nuna Tamba da muciya, bakinta a buɗe har ana ganin dasashi.

"Wagga mai faɗa fa, wa ce?"

"Uwar Tamba ce. Tana ce mishi in ya sake ya taɓa ruwan sanyi sai ta karya mishi ƙafa."

Inna ta kawo takardar kusa da ido. Ta ga tsagar da ke kumatun tsohuwar, ta ga ɗan kunnen da ya ɓalle gefe guda.

"Ɗan banza," ta ce a hankali. "Haka bakina yake?"

"In kina faɗa, har ya fi haka."

"Ja mata."

Da suka kai ga giwan ruwan, wanda ya cinye shafi biyu shi kaɗai, Inna ta tsaya tana juya takardar. Ta ce shi ma ai mai rai ne, to ina wuyan kifi? Suka yi ta dubawa. Riskuwa ta ce ko nan bayan kunne, Inna ta ce a'a, mai sayar da kifi daga nan yake yankewa, ta nuna da farce. Dariya ta kuɓuce wa Riskuwa, guntuwa, ta juye ta zama wani abu daban. Ta kawar da fuska don kada hawaye ya ɗiga a kan tawadar. Inna ta bar ta har ta gama, sannan ta miƙo shafi na gaba.

An yi kiran azahar suka tashi suka yi salla, suka dawo. Rana ta karkata lokacin da Inna ta miƙo shafi na ɗari da uku, ta bi shi da yatsa daga sama har ƙasa, ta sake bi. Kogi ne, da ciyawar bakin ruwa, da kwalekwale ɗaure a jikin turke. Ba kowa. Na bayansa ƙarƙashin ruwa ne, haske na saukowa tsakanin saiwoyi. Na bayansa gora ce guda tana yawo a tsakiyar kogi, ga homar kamun kifi a yashe a bakin gaɓa. Har zuwa na ƙarshe, shafi tara, haka suke.

Inna ta tambaya ina mutanen. Riskuwa ta ce haka yake aikinsa. Wuri yake fara zanawa, ya gama shi tsaf, ya bar fili fari inda mutum zai tsaya, sai daga baya ya sa mutanen. Ta nuna mata filayen, ɗaya a cikin kwalekwalen, ɗaya a kan gorar. Wannan babin ƙarshe ne, bai kai ga sa su ba.

"To ya samo gangar?"

"Ban sani ba, Inna. Ya ce sai na gani a takarda."

Inna ta riƙe shafin gorar da hannu biyu, ta daɗe. Sannan ta haɗa taran ta ajiye gefe, ta ce waɗannan ba ruwansu. Ta dubi jakar hannun Riskuwa.

Riskuwa ta fito da wayar mai tsagaggen gilashi. Kafin ta taɓa komai ta ce akwai abin da ba za ta ɓoye ba. Abin da ke shafinsa za ta iya gogewa. Amma mutane da yawa sun adana a wayoyinsu, wasu sun zana nasu, waɗannan ba mai iya kai musu hannu, ko ita ko wani. In Inna na jiran a ce babu sauran Tamba a duniya, to ba za a ce ba. Inna ta ce su dai su yi iyakar inda hannunsu ya kai.

Babi goma sha biyu ne. Kowanne sai wayar ta tambaye ta ko ta tabbata. A ƙarƙashin kowanne akwai maganganun mutane, ɗaruruwa, har da tambayar dattijon nan da amsar da Ja'afar ya ba shi, su ma tare suke tafiya. Ta danna sau goma sha biyu, tana juya wa Inna fuskar wayar kowane karo don ta ga wurin ya zama fari. Da ta gama sai ta shimfiɗa shafuka taran nan a bakin ƙofa inda haske yake, ta ɗauke su hoto ɗaya bayan ɗaya, ta sa su a shafin. Ba ta nemi izini ba. Inna na kallo, ba ta hana ba.

Daga nan Inna ta dafa gado ta miƙe, ta fita tsakar gida tana bin bango. Riskuwa ta ji ta tana kiran maƙwabta ta kan katanga, tana tambaya ko akwai sauran tuwo. Aka miƙo kwano. Ta zauna a bakin ƙofa ta ci, a hankali, har ta suɗe hannu. Ta ce Riskuwa ta zo ta sa hannu. Riskuwa ta ce ta ƙoshi. Tana tsugune bakin rariya tana cuɗa yatsunta da toka, tawadar ta ƙi fita.

Ta tsaya aka yi arba'in. Malama Ummu Hani ta zo, ta riƙe hannunta ta ce Allah ya yi mata albarka. Riskuwa ta ce amin, ta zare hannunta. Washegari ta ɗaure jakar kwalin da robarta, Inna ta ce ta tafi da ita, yanzu ba komai. A cikin mota wayar ta yi ta motsi a cinyarta. Mutane na tambayar ina babobin suka tafi, wani har da zagi, wai wane ne ya ba ta iko. Ba ta amsa wa kowa ba. A Badariya ta sa jakar a ƙasan akwati, ta jera tufafi a kai.

Ta yi wata biyu ba ta taka Argungu ba. Amma kullum in ta taso daga makaranta, kafin ta cire takalmi, sai ta kira. Ta tambaya ko Inna ta ci abinci. Inna ta ce ta ci, ta ce matan Gulma sun dawo da buhunansu, ta ce itace ya yi wuya saboda ruwa. Daga nan sai maganar ta ƙare musu. Su yi shiru, kowace na jin numfashin 'yar'uwarta a cikin waya, har ɗaya ta gaji ta kashe.